Abin da fim ya tono a gidanmu jiya

Jiya da daddare ni da Umma muna kallon wani fim ɗin Kannywood a waya, labarin wata mata da aka sako da yara uku ba ko kwanon masara, dangin miji sun juya mata baya, gidan ubanta kuma ba wurin kwana. Ina waigawa kawai sai na ga Umma tana share hawaye da bakin mayafi. Ta ce ai haka aka yi wa ƙanwarta, shekara kusan talatin ke nan, wallahi ban taɓa jin zancen nan a gidanmu ba sai jiya.

Daga nan ta shiga rera min baitocin Imfiraji na Malam Aliyu Namangi, makahon malamin nan na Zariya, ta ce tun tana yarinya take jin masu bara suna yin ta a ƙofar gida har ta haddace, zancen mutuwa da ruɗin duniya, jikina duk ya yi sanyi.

Yau da safe na kira Inna, wato ƙanwar Umman, mun fi awa muna magana har katina ya ƙare.