Tambayar da ta hana ni sakat da azumin bara

Wai ƙarya mummuna ce shi ya sa aka haramta ta, ko haramtawar ce ta sa ta zama mummuna? Wallahi tambayar nan sati biyu tana cina. A wani ɗan littafin Aflaton, masanin falsafar Girka na dā, na tsince ta, abokina ɗan BUK ne ya turo min ta WhatsApp. A littafin, Sukurat malamin Aflaton ne ya haɗu da wani mutum a bakin kotu a Atina, mutumin ya zo kai ƙarar babansa kan mutuwar wani lebura, yana ta cika baki shi ya san daidai, Sukurat ya titsiye shi da irin wannan tambaya har mutumin ya ce sauri yake ya tsere.

Kuskurena shi ne ni kaɗai nake karatun, in an sauko daga asham in kwanta da waya har sahur, ba wanda zan tambaya, kuma washegari in kwashi abin ɗanye in kai majalisa, to kun san mutanenmu, saura ƙiris a ce na fara taɓa aƙida.

Da abin ya ishe ni na tafi Madabo gun malamin da ya biya min Ahalari ina yaro. Na zube a zaure na ce Allah gafarta Malam, ga fa abin da Girkawa suka jefa ni ciki. Dariya ya yi. Ya ce kai ɗan nan, ai wannan husnu da ƙubhu ke nan, wato kyau da muni, malaman tauhidi sun fi shekara 1000 suna dambe a kai. Mu'utazilawa suka ce hankali kaɗai ya isa ya gane kyau da muni, Ash'arawa suka ce a'a, lada da zunubi sai shari'a ta faɗa. Shi kansa Imamu Ash'ari cikin Mu'utazilawan Basra ya taso, sai da ya kai wajen shekara 40 ya bar su. Ni da nake jin na haƙo abin da ba wanda ya taɓa ji, ashe yana nan cikin littattafan da nake wucewa kullum a Kurmi. Gaskiya da daga gida na fara da ban wahala haka ba.

Zan tashi ya ce tsaya, har yanzu kana Kwari? Na ce e Malam. Ya ce yadin da kake auna wa mutane, inci 36 ne cif? Na yi tsuru-tsuru ina neman takalmina.