Sau biyu na zaga tsohon garin Ƙurɗuba da ƙafa, na biyun ne ya shiga raina

Tun ina yaro a zauren Baba a Zariya nake jin sunan garin nan, Ƙurɗubi ya ce kaza, Ibnu Rushdi ya ce kaza, amma wallahi ban taɓa ɗauka wuri ne da mutum zai yanki tikiti ya je ba, a kaina kamar gari ne da ya shige cikin littafi aka rufe. Sai da karatu ya kai ni Madrid a ƙasar Sifen wani abokina ya ce min ai Córdoba ɗin da nake gani a allon tashar jirgin ƙasa ita ce Ƙurɗuba, kuma da jirgi mai gudun nan ko awa biyu ba a cikawa. A ƙarshen watan Yuni na shirya na tafi ni kaɗai.

Ranar farko na shiga irin zagayen nan da suke cewa kyauta ne, ka sa sunanka a intanet, ku haɗu a dandalin Tendillas, in an gama kowa ya ba jagora abin da ya sawwaƙa. Mun haura mutum talatin, jagoran na riƙe da lema mai kala don kar mu ɓace masa, kuma sha ɗaya na safe muka tashi, wanda shi ne kuskuren farko don garin nan zafinsa ba wasa, a Yulin 2017 sai da ya kai digiri 46.9, ni da na san zafin Afrilu na gida sai da na ji a jikina. Mutumin yana da fara'a ba laifi, sai dai sauri yake kamar ana korarsa, in kana baya ba ka jin komai sai dariyar na gaba. Ya kai mu lungun furanni da kowa ke ɗaukar hoto, Calleja de las Flores, muka yi layi don a ɗauki hasumiya daga tsakanin tukwanen fulawa, ya kai mu wani lungun da suke cewa faɗinsa bai wuce hankici ba, ya ba da labaran soyayya da na fatalwa, da muka iso babban masallacin kuwa a waje muka tsaya, minti goma ya yi bayani ya ce mai son shiga ya sayi tikiti daga baya. Na tambaye shi game da Yahya bin Yahya, malamin garin da ya ruwaito Muwaɗɗa daga Imamu Malik, ya ce bai san sunan ba, ya wuce. Na ba shi yuro goma don ya yi aikinsa, amma na koma masauki raina ba daɗi, gani nake na zo har nan an nuna min bangon gida ba a shigar da ni ba.

Da daddare na kira Baba na gaya masa inda nake. Ya yi shiru sannan ya ce, ka san Muwaɗɗar da ke gabanmu kullum ta hannun mutumin garin nan ta iso mana ko? Na ce na sani Baba, Allah ya ƙara lafiya. Sai ya tuna min labarin da malamai ke bayarwa, ranar da aka shigo da giwa Madina ɗaliban Imamu Malik duk suka watse kallo, Yahya kaɗai ya zauna, ya ce shi daga ƙasarsa ya taso don ya ga Malik ba giwa ba, shi ne Malik ya kira shi mai hankalin Andalus. Baba ya ce to kai ma ka nemi abin da ya kai ka. A daren na nemi wani zagayen na kuɗi, na mutane kaɗan, wanda tikitin shiga na ciki, na zaɓi na tara na safe.

Mu takwas ne, jagorar wata mata ce 'yar garin mai katin shaida rataye a wuya, ta raba mana 'yan na'urorin da ake maƙalawa a kunne saboda ko kana can baya kana jin ta ba sai ta ɗaga murya ba. Kafin mu ɗaga ƙafa ta tambayi kowa me ya kawo shi, nan na san an dace. Na faɗa mata Yahya bin Yahya ne ya kawo ni, ta ce ta san sunan daga tarihin alƙalan garin, ta ce in bari sai mun shiga ciki.

Daga gadar Rumawa ta fara, kan kogin Guadalquivir, ta ce mu faɗi sunan a hankali, sai ga Wadil Kabir ya fito, babban kogi. Gadar bakuna 16 gare ta, asalinta tun kafin haihuwar Annabi Isa, an sha gyara ta. Ta nuna mana ƙaton gargare na ɗiban ruwa a bakin kogin, Albolafia, sannan ta shiga lissafo kalmomin Larabci da suka zauna a bakinsu har yau, ta ce magajin gari a wajensu alcalde ne, na ce mu kuma alƙali muke cewa mai shari'a, duk daga alƙadi, ta tsaya ta rubuta a wayarta. Wannan ɗan abin ya sa na saki jiki da ita.

Sai harabar masallacin, mai itatuwan lemo a jere da 'yan magudanan ruwa a ƙasa suna bi daga gindin wannan zuwa wancan, nan ne wajen alwala a da. Hasumiyar da ake kaɗa ƙararrawa a kanta yanzu, ta ce ta kiran sallar da Abdurrahman na uku ya gina tana nan a cikinta, lulluɓe ta aka yi da sabon gini. Shi ne wanda ya ayyana kansa halifa a 929.

Muna shiga na rasa bakin magana. Daga hasken rana ka faɗa cikin duhu-duhu mai sanyi, sai idonka ya washe ka ga ginshiƙai ko'ina, fiye da 850 ne suka rage, a kansu bakuna ja da fari ja da fari har iya ganinka. Da ni kaɗai ne da hoto kawai zan ɗauka in wuce. Ita ta sa muka matsa kusa da ginshiƙi ɗaya, ta ce ku dubi kansa ku dubi na kusa da shi, ba iri ɗaya ba ne, wani marmara mai ruwan toka wani mai ja-ja, wani ma an ɗora shi kan dutse don ya kamo tsawon 'yan uwansa, saboda daga tsofaffin gine-ginen Rumawa da na waɗanda suka biyo bayansu aka kwaso su lokacin da Abdurrahman na farko ya fara ginin wajen 785. Ginshiƙan gajeru ne, in aka ɗora rufi kansu kai tsaye ɗakin zai danne mutum, shi ne magina suka yi baka kan baka, hawa biyu, rufin ya tashi sama. A wannan ɓangaren jan bulo ne, farin dutse ne, ba fenti ba. Ni da na tashi ina kallon bakan gizon tsohon masallacin Juma'a na Zariya nan take na gane damuwar maginin, yadda za a ɗaga rufi sama da kan jama'a da abin da ke hannu, namu da ƙasa da azara, nasu da dutse da bulo.

Sai ta juyo ta ce min, mutumin naka a 848 ya rasu ko? Na ce haka ne. Ta ce to zo. Ta nuna min inda ginin farko ya tsaya, da ƙarin da Abdurrahman na biyu ya yi wanda ake kan aikinsa a ƙarshen rayuwar Yahya, ta ce duk abin da ke gaba da nan bai gan shi ba, mihrabin nan mai ado da kowa ke rububin ɗauka na halifa Hakam na biyu ne, bayan 961, sama da shekara ɗari da rasuwarsa, ɓangaren gabas kuma na waziri Mansur ne wajen 987. Ta ce in kana son inda ya sani, nan ne, waɗannan sahun. Na tsaya a wajen na dafa ginshiƙi, sanyi ƙalau, ya yi santsi daidai inda kafaɗu da hannaye suka daɗe suna gogarsa, ina tuna muryar Baba yana jan haddasani Yahya an Malik bayan asuba. Idona ya kawo ruwa, kuma matar nan ba ta ce mu yi sauri ba, ta ja sauran gefe tana musu wani bayanin har na dawo.

Akwai abin da ya kamata duk Musulmin da zai je ya sani tun daga gida don kar ya zo masa ba zato. Wajen coci ne yanzu, tun 1236 da sarkin Kirista Fernando na uku ya ci garin aka mai da shi, a 1523 kuma aka fara gina babbar majami'a a tsakiyarsa cak, kana tafiya cikin sahun ginshiƙai sai ka ɓulla cikinta. Ba a barin kowa ya yi sallah a ciki, masu gadi na lura. Abin ya yi min nauyi ba zan ɓoye ba. Na yaba mata da ba ta kewaye maganar ba, ta faɗi abin da aka rushe, ta kuma faɗi cewa amfani da ginin da ba a daina ba yana cikin abin da ya sa yake tsaye alhali sauran masallatan Andalus da yawa babu su. Har mihrabin ta ce mu lura kudu yake kallo ba kudu maso gabas ba inda Makka take daga can, kuma masana sun saɓa kan dalili, wasu sun ce tsarin titunan Rumawa aka bi, wasu sun ce fahimtar alƙibla ce ta mutanen farko.

Daga nan muka faɗa lungunan tsohuwar unguwar Yahudawa. Matsattsu ne, an shafe bangaye da farar ƙasa, kuma ta ce da gangan ne, inuwa ake nema, ka bi gefen da bango ya kare rana. Gidajen ba sa nuna komai ta waje, sai ka leƙa ta ɗan soron shiga da suke kira zaguán, ta bayan ƙyauren ƙarfe, ka hango tsakar gida da rijiya da tukwanen fulawa a bango, tsarin soro da tsakar gida sak wanda na sani. A watan Mayu suna buɗe wa jama'a tsakar gidajen nan ana gasa, UNESCO ma ta sa bikin a jerinta a 2012. Mun shiga ɗan wajen ibadar Yahudawa na 1315, ɗaki ɗaya ne ƙarami, mun wuce mutum-mutumin malamin Yahudawan nan Musa bin Maimun wanda takalminsa ya koɗe yana sheƙi don masu yawo na shafawa wai neman sa'a, ni dai hannuna na aljihu. Muka fita ta ƙofar Almodóvar muka bi gindin ganuwa, sunan titin Cairuán, wato Ƙairawan, garin mai Risala, a can ƙarshensa ga Ibnu Rushdi a zaune da littafi kan gwiwa, an haife shi nan a 1126, ya rasu a Marrakesh a 1198. Tituna biyu ka taka rabin littattafan zaurenmu.

Na koyi abubuwa a jikina. Duwatsun lungunan nan ƙanana ne masu tsini, takalmi mai siririn ƙasa zai cuce ka, sa mai taushi. Riƙe gorar ruwa. Kafin ka biya ka tambaya mutum nawa ne, za a shiga ciki ko waje za a tsaya, tikiti na ciki ko daban. Na kyautan ba sharri ba ne, yana da amfani in kana son ka gane hanya ranar farko, amma kar ka tsaya a kansa. Rubuta tambayoyinka tun a gida da sunaye da shekaru, don jagora mai kyau ma ba zai san abin da ke ranka ba sai ka faɗa. Abinci kuma a kula, salmorejo ɗinsu, wani kunun tumatir da burodi mai sanyi, daɗi gare shi a zafin nan amma naman alade ake barbaɗawa a kai, ka ce sin jamón tun kafin a kawo, flamenquín kuwa kar ma ka taɓa, soyayyen gauta da zuma shi na ci hankali kwance. Daga biyu zuwa biyar na rana shaguna da yawa a rufe suke, magariba kuwa a Yuni sai wajen goma saura.

Da za mu rabu na tambaye ta inda zan yi sallah, ta buɗe taswira a wayata ta sa min alama a lambun Colón, akwai ɗan farin masallaci a ciki da suke kira Morabito, can na yi azahar da wasu 'yan Maroko. Ta kuma gaya min a lokacin ana buɗe babban ginin kyauta daga takwas da rabi zuwa tara da rabi na safe ban da Lahadi, ga ɗaiɗaikun mutane ba ayari ba. Na ɗage tikitin komawata da kwana ɗaya. Washegari takwas da kwata ina bakin ƙofa, ana buɗewa na wuce kai tsaye sahun farkon nan ba tare da na tambayi kowa hanya ba, na ɗauki ginshiƙan a bidiyo a hankali ɗaya bayan ɗaya na tura wa ƙanina ya nuna wa Baba. Da yamma ina cikin jirgi saƙon murya ya shigo, Baba ne, yana cewa a sake kunna masa daga farko.