Mazaɓar ƙauyenmu, daga nan Jidda

Idan muka taru shan shayi a nan Jidda bayan sallar isha'i, hira takan koma kan mazaɓar ƙauyenmu a jihar Kano. A 1979 mahaifina ya zaɓi PRP ta Malam Aminu Kano, a rumfar zaɓen da ke gindin darbejiyar makarantar firamare, kuma a 1993 mutanenmu suka bi Abiola, ko da yake Bashir Tofa ɗan Kano ne. Zaɓen kansila kuwa, wanda hukumar zaɓe ta jiha ke shiryawa, jam'iyyar gwamna ce kusan kullum take lashe shi, abin da nake ganin ya kashe wa talakawa gwiwa. Mu mazauna Saudiyya doka ba ta ba mu damar jefa ƙuri'a daga waje ba, sai dai jiran sakamako a WhatsApp.