Daga Erbil zuwa Kirkuk bayan faɗan 2017

A ƙarshen shekarar 2018 aiki ya kai ni Erbil, babban birnin yankin Kurdawan Iraƙi, kuma da na samu sarari sai na ɗauki shatar mota zuwa Kirkuk, wanda ke kudu da tazarar da ba ta kai kilomita ɗari ba. A lokacin ba a daɗe da buɗe hanyar ba, domin ta shafe kusan wata goma a rufe sakamakon gumurzun da aka yi tsakanin Peshmerga, wato dakarun Kurdawa, da sojojin gwamnatin Bagadaza.

Direban wani dattijo ne Bakurde, kuma tun kafin mu fita gari ya fara warware mini zare da abawa. A watan Yuni na 2014, sa'ad da sojojin Iraƙi suka watse a gaban mayaƙan IS, Peshmerga ne suka shiga Kirkuk suka riƙe birnin da rijiyoyin mansa. Ranar 25 ga Satumba 2017 shugaban yankin, Mas'ud Barzani, ya gudanar da ƙuri'ar raba gardama kan ɓallewar yankin daga Iraƙi, har da Kirkuk a ciki, inda fiye da kashi 90 cikin ɗari suka amince. Firaministan Iraƙi na lokacin, Haidar al-Abadi, ya yi fatali da sakamakon, kuma ranar 16 ga Oktoba sojoji da mayaƙan sa-kai na Hashd al-Sha'abi suka ƙwace birnin. Dattijon ya ce abin da ya fi ci masa rai shi ne kan Kurdawa ya rabu a ranar, wasu suka ja da baya ba tare da turjiya ba, kuma manyan jam'iyyun Kurdawa biyu, KDP da PUK, suka koma zargin juna da cin amana.

A Altun Kupri, garin da ke bakin kogin Ƙaramin Zab, aka yi mummunan artabu ranar 20 ga Oktoba, kuma a nan ne sojojin gwamnati suka tsaya. Mun wuce shingen Peshmerga na ƙarshe, muka ratsa wani fili da babu kowa, sannan muka iso shingen tarayya, inda wani matashin soja ya daɗe yana jujjuya fasfona yana neman bizar Bagadaza, tunda hatimin da ake bugawa a Erbil ba ya aiki a nan. A gefen titi na ga wani gida da harsasai suka yi wa raga-raga, ga kuma igiyar shanya ɗauke da kayan yara a tsakar gidan. Abin ya sosa mini rai ƙwarai, domin mutanen da suka harbi juna a wannan wuri su ne shekara guda kafin nan suka haɗa kai wajen fatattakar IS daga Mosul.

A mashigar Kirkuk akwai wani katafaren mutum-mutumin sojan Peshmerga, amma tutar da ke hannunsa ta koma ta Iraƙi. Na hau tsohuwar ganuwar birnin, na ziyarci kabarin da ake dangantawa da Annabi Daniyalu, daga nan na gangara kasuwa, inda kunnena ya riƙa jin Kurdanci da Larabci da harshen Turkumawa a rumfa guda. Kowace al'umma a cikinsu tana da hujjarta kan birnin, musamman ganin cewa gwamnatin Saddam Husaini ta kori dubban Kurdawa da Turkumawa ta zaunar da Larabawa a madadinsu, saboda man da aka gano a Baba Gurgur, wani fili kusa da Kirkuk, tun 1927.

A ganina, laifin wannan jini yana wuyan shugabannin ɓangarorin biyu. Sashe na 140 na tsarin mulkin 2005 ya tanadi a maido da waɗanda aka kora, a yi ƙidaya, sannan mazauna su zaɓi makomarsu kafin ƙarshen 2007, amma aka yi ta jan ƙafa har bindiga ta yanke hukunci. Wani mai shayi a kasuwar ya shaida mini cewa gonar mahaifinsa takardu biyu gare ta a hannun iyalai biyu, kuma ba wanda ya raba musu gardama.

Da La'asar direban ya matsa mu kama hanya. Ya ce ragowar 'yan IS suna fakewa a filayen da ke tsakanin rundunonin biyu, don haka ba ya yarda dare ya riske shi kafin ya tsallake Altun Kupri.