Zomon auduga

Talata. Zafin yau kam sai dai hamdala, tun hantsi anka ɗauke wuta, ni da Bashiru munka ja tabarma gindin dogon yaro nan Mabera. Nan yat turo min wani gajeren fim ta WhatsApp, wai in kalla don da ni anka yi shi.

Tseren karnuka na, irin na Turawa, dogaye masu shafaffen ciki, amma an ɗaura ma kowane nakatai, ga fayil rataye ga wuya. Ana buɗe ƙofa sunka zubo bayan wani zomo da inji ka ja bisa ƙarfe, mai sharhi na ta ihu shina kiran su ranka shi daɗe, darakta, shugaban kwamiti. Can inji yal lalace, na gaba yac cafke zomon yay yage, auduga ce zalla. Wallahi nan nif fara dariya har da hawaye, don gogan naka waige-waige yay yi, yat tura audugar ƙarƙashin ƙafa, yal lashe baki yac ce ma sauran ai daɗi ba a magana, ku dai ƙara himma. Gobe kuma duk sunka dawo layi, har da shi.

Bashiru sarkin bincike yac ce abin da gaske a kai, zomon injin daga Amurka yaf fito, Ingila sun fara nasu Manchester 1926, kuma karen na kai kusan kilomita 70 cikin awa, ya hi kabu-kabun Sani gudu ke nan. Wai jihar Florida ta Amurka ma sun jefa ƙuri'ar hana tseren 2018.

Kawu Mamman na gefe shina gyaran rediyo, tsohon mafarauci na, nim miƙa mai wayar. Bai yi dariya ba ko kaɗan. Cewa yay yi karnukanshi ko yunwa za ta kashe su ba su bin abin da babu ƙanshin jini, waɗanga an ɓata musu hanci tun suna ƙanana. Ni dai nai shiru.

Bayan la'asar saƙo yash shigo gurup ɗin 'yan ajinmu wai ana karɓar takardun neman aiki wani ofis wajen Gawon Nama, ba wanda yas san tushen maganar. Karo na bakwai ke nan bana. Na aro fayil ɗin Bashiru don nawa ya yage, na goge farar shaddata da dutsen gawayi. Sani zai zo ɗaukata bayan asuba, naira ɗari biyar munka shirya.