Yadda na ɓata labarina da saurin fito da dodo

Bara na zauna rubuta labari irin na anime, wato katun na Japan, kashi 12 kamar yadda aka saba yi a zango guda. Makarantar kwana ce a cikin duwatsun Japan, wata yarinya ta shigo a watan Afrilu, lokacin da ake buɗe shekarar karatu a can, furen sakura yana ta zuba. A kashi na 3 na fito da dodon da ke ƙarƙashin ɗakin kwanan ɗalibai, haƙora da farata da komai. Ƙanwata ta karanta ta ce, "Yaya, to sauran tara me za mu jira?" Na ji haushi, amma gaskiya ta faɗa.

Sai na koma kan tatsuniyar da ɗaliban Japan ke ba juna, wato abubuwan al'ajabi bakwai na makaranta. Akwai Hanako, fatalwar wata yarinya da ke banɗaki na uku, da fiyano mai kaɗa kansa cikin dare, da matakalar da adadinta ke canzawa in an ƙirga da daddare. Wai duk wanda ya san na bakwai, masifa za ta same shi. Mu da muka yi makarantar kwana a Najeriya mun san Madam Koi Koi: ba wanda ya taɓa ganinta, amma ƙarar takalminta ta hana mu fita fitsari.

Na cire dodon gaba ɗaya. A Japan, idan ɗalibi ya rasu, akan ajiye tulun fure a kan teburinsa. Sai na sa aka ajiye shi a teburin yarinyar alhali tana zaune da ranta, malami yana kiran suna yana tsallake nata. Akwatin ajiye takalminta a makaranta kuma lamba 4, wadda a yaren Japan ake kira "shi", lafazi ɗaya da mutuwa.

Daga nan jigon ya fito da kansa. Manyan ɗalibai sun sani, malamai sun sani, kowace shekara ana manta mutum ɗaya don sauran su kwana lafiya. Wannan shirun ya fi farata ban tsoro, ni kaina da nake rubutawa sai da na kunna fitila.

Ƙanwata ta kai kashi na 11, kullum tana tambayata na bakwai. Ban gaya mata ba tukuna.