Tarihin Rayuwata, Kashi na 14: Yaya da Melina

Assalamu alaikum. Makon jiya na tsaya a inda na samu aikin kula da wata tsohuwa a unguwar Kypseli, cikin birnin Atina na ƙasar Girka. Jikokinta suna ce mata Yaya, wato kaka a yarensu. Ni ma na bi sahu, don ko ba komai wannan suna bai ba bakina wahala ba.

A gaban talabijin ɗinta na koyi Girkanci. Duk ranar da aka sa tsohon fim na Melina Mercouri, shahararriyar ’yar wasan fim ta Girka, to abinci ya huce, magani ya jira. Wanda ta fi so shi ne Stella, na 1955, labarin mawaƙiyar da ta ƙi aure har saurayinta ya soke ta da wuƙa. Yaya ta haddace shi tsaf, tana riga ’yan wasan faɗin magana. Da na ce ai yarinyar taurin kai ne ya kashe ta, kwana biyu ba ta yi mini magana ba.

Littafin da Melina ta rubuta kan rayuwarta a 1971 kuwa yana kusa da gadon Yaya, bangonsa ya tsufa don shafa. Ta ba ni labarin abin da ke ciki ya fi a ƙirga: Melina jikar magajin garin Atina ce, ta ci kyautar gwarzuwar ’yar wasa a bikin fina-finai na Cannes a 1960, sojoji suka yi juyin mulki a 1967 tana wasan kwaikwayo a New York, ta dinga caccakarsu har suka ƙwace mata shaidar zama ’yar ƙasa. Nan Yaya kan gyara zama, ta ɗaga yatsa, ta maimaita amsar da Melina ta mayar: Bagirkiya aka haife ta, Bagirkiya za ta mutu.

Ni da takardar zamana ta ƙare tun wata huɗu, ina jin haka sai in sunkuyar da kai. Ita an ƙwace mata takarda, duniya ta tsaya mata; sojoji na faɗuwa a 1974 ta koma gida, har ta zama ministar al'adu a 1981. Ni kuwa ko inuwar ɗan sanda na hango sai in sauya hanya.

Ranar 6 ga Maris 1994 ina wanke-wanke na ji rediyo ya yi shiru. Na leƙo, na tarar da Yaya zaune, hannunta a kan makunnin. Melina ta rasu a asibiti a New York, sankarar huhu, dama ba ta rabuwa da taba.

"’Yata," in ji ta, "ki goge mini baƙar rigata. Ranar jana'iza ke za ki kai ni."

Na ce to. Raina kuwa yana kan ’yan sandan da za su cika titi ranar. Yadda muka yi da su, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.